Tsohuwar Masar a Idon Masu Bincike: Tambayoyi da Amsoshi

Da an ambaci Masar ta dā, abin da ke faɗo wa yawancinmu a rai bai wuce Fir'auna da dala da zinariya ba. Ga wasu tambayoyi da aka saba ji, da amsoshinsu gwargwadon abin da aka tono kuma aka karanta.

Wane irin ilimi ne binciken tsohuwar Masar, kuma me masu shi suke yi?

Fanni ne da ke nazarin mutanen da suka rayu a gaɓar Kogin Nilu tun wajen shekara ta 3100 kafin Miladiyya, lokacin da aka haɗe kudu da arewacin ƙasar ƙarƙashin sarki ɗaya, har zuwa bayan mutuwar Sarauniya Kiliyofatira a shekara ta 30 kafin Miladiyya. Sama da shekara 3,000 ke nan. In kana son ka ji tsawon abin a jikinka, tazarar da ke tsakanin Kiliyofatira da mu ba ta kai wadda ke tsakaninta da ginin babbar dalar Giza ba.

Masu wannan aiki ba duka ne ke riƙe da cebur ba. Akwai masu haƙa a kufai, akwai masana harshe da ba sa rabuwa da ƙamus, akwai likitocin da ke ɗaukar hoton cikin gawa, akwai kuma wanda zai ƙare rayuwarsa yana auna bakin fasassun tukwane. Wannan na ƙarshen, duk da ba a sa shi a talabijin, sau da yawa shi ne ke faɗa wa sauran shekarun wurin da suke tonawa.

Rubutunsu zane-zane ne na tsuntsaye da macizai. Yaya aka yi aka iya karanta shi?

Rubutu na ƙarshe da aka sani da waɗannan alamomi an sassaƙa shi ne a tsibirin Filae a shekarar 394 Miladiyya. Daga nan masu iya karatun suka ƙare, aka yi shekara wajen 1,400 bangaye na cike da magana ba mai ji.

A watan Yulin 1799 sojojin Faransa da Napoleon ya kawo Masar suna gyaran wata ganuwa a garin Rashid sai suka ci karo da wani dutse mai rubutu iri uku. Wata sanarwa ce da malaman addininsu suka fitar a shekara ta 196 kafin Miladiyya don girmama Sarki Batlimus na Biyar, an rubuta ta da rubutun zane, da rubutun yau da kullum na lokacin, da kuma Girkanci. Girkancin kowane masani na iya karantawa, don haka an san abin da sauran biyun ke cewa. Saura a gane yadda suke faɗar sa, wanda ya ci fiye da shekara 20.

Abin da ya daɗe yana ɓatar da mutane shi ne zaton cewa kowane zane ma'ana ce ɓoyayya: an ga mujiya sai a ce hikima ake nufi. Ashe mujiya harafin "m" ce kawai. Thomas Young na Ingila ya gano wasu sautuka a cikin sunan Batlimus, amma Bafaranshe Jean-François Champollion ne ya ɓalle ƙullin a watan Satumban 1822. Makaminsa shi ne ya iya Ƙibɗanci, harshen da Kiristocin Masar ke ibada da shi har gobe, wato mutanen su Nana Mariyatul Ƙibɗiyya. Ƙibɗanci kuwa shi ne tsohon harshen Masar a matakinsa na ƙarshe, an dai rubuta shi ne da haruffan Girka. Da ya ga wani suna da ya fara da da'irar rana ya ƙare da "s" biyu, sai ya tuna rana a Ƙibɗanci "re" ce. Ra, mes, ses: Ramses. Nan ya tabbata rubutun gauraye ne, wasu alamomi sauti, wasu kalma sukutum, wasu kuma ba a furta su, aikinsu su nuna rukunin da kalma ta faɗa.

Alamomin da aka fi amfani da su sun kai 700. Ba sa rubuta wasula, kamar dai ajamin da ba a yi wa wasali ba. Saboda haka kalmar da suka rubuta "nfr", ma'ana kyakkyawa, masana ke cusa mata "e" su ce "nefer" don baki ya iya furtawa. Da Sarauniya Nefertiti za ta ji yadda muke kiran sunanta, da wuya ta waiwayo.

Kafin Turawa, ba wanda ya damu da waɗannan kufai?

An damu. Ibn Wahshiyya, a ƙarni na 10, ya yi rubutu kan tsofaffin haruffa har da na Masar. Abdullaɗif al-Bagdadi ya zagaya dalar Giza wajen shekarar 1200, ya siffanta su da idon likita mai lura, ya kuma yi tir da masu fasa kayan tarihi don neman dukiya. Al-Maƙrizi ya ruwaito cewa wani mutum mai suna Sa'im al-Dahr ne ya lalata fuskar gunkin Abul Haul, ƙaton gunkin nan na Giza mai jikin zaki da kan mutum, a 1378. Wannan ya wanke sojojin Napoleon daga zargin da ake yawan yi musu na harbe masa hanci, domin akwai zane-zanen matafiya da suka nuna shi ba hanci tun kafin a haifi Napoleon.

Ta yaya ake sanin cewa abu ya shekara 4,000?

Ba hanya ɗaya ba ce, kuma ƙarfin lissafin yana zuwa ne daga yadda hanyoyin ke gaskata juna. Mutanen Masar da kansu sun bar jerin sarakuna. Wani malaminsu, Maneto, ya kasa su gida 30 a ƙarni na 3 kafin Miladiyya, kuma har yau da rabonsa ake aiki. A Abidos akwai bango mai sunayen sarakuna 76 da Seti na Ɗaya ya sa aka sassaƙa. Sai dai jerin sarauta siyasa ce: an tsallake Hatshefsut, macen da ta yi mulki wajen shekara 20, an tsallake Akhenaten da Tutankhamun. Shi ya sa ake gwada shi da wasu shaidu. Flinders Petrie, masanin haƙa ɗan Ingila, ya nuna cewa siffar tukwane tana sauyawa daga tsara zuwa tsara, har ana iya jera kaburbura da ita. A 1887 an samu wasiƙu sama da 300 na yumɓu a Amarna, tsakanin sarakunan Masar da takwarorinsu na Babila da Assuriya, wanda ya ba da damar haɗa kalandar ƙasashen. Sannan ga awon sinadarin kabon a jikin iri da ciyawa da tufafi. Daga 664 kafin Miladiyya zuwa gaba lissafin daidai yake shekara da shekara. Can baya kuwa akan sami saɓanin shekaru goma-goma, shi ya sa ake cewa "wajen".

Wa ya gina dala? Wasu na cewa aljanu, wasu bayi, wasu ma halittun wata duniya.

Mutane ne, kuma mun san inda suka kwana da abin da suka ci.

Babbar dalar Sarki Khufu, wadda aka gama wajen 2560 kafin Miladiyya, tsayinta na asali mita 146 ne da ɗoriya, da duwatsu kimanin miliyan 2.3. Wanda ya san dalar gyaɗa ta Kano a hoto ya san siffar, sai dai a nan matsakaicin "buhu" ya haura tan biyu. Dole mutum ya yi mamaki. Amma dalar ba daga sama ta faɗo ba. Kafin ita akwai ta Sarki Zosar a Saƙƙara, mai hawa shida kamar matakala. Sai Sneferu, mahaifin Khufu, wanda maginansa suka fara wata a Dahshur da tsananin miƙewa, ginin ya soma tsagewa, suka rage kusurwar a tsakiyar aiki. Tana nan har yau a tanƙware. Ta gaba da suka yi ita ce ta fito sumul. Wannan tarihin masu koyo ne ta hanyar kuskure, kuma ni dai ban ga abin da zai sa aljani ya buƙaci gwaji har sau uku ba.

A kudu da Abul Haul, tawagar Mark Lehner ta tono garin ma'aikata: gidajen gasa gurasa, rumbuna, ɗakunan kwana, da tarin ƙasusuwan shanu da tumaki da awaki. A 1990 aka gano maƙabartarsu a kusa da dalar. Ƙasusuwansu sun nuna wahalar ɗaukar kaya, sun kuma nuna karaya da aka ɗora ta warke. Ƙungiyoyin aikin har suna suke sa wa kansu su rubuta a jikin dutse, irin su "Abokan Khufu". Herodotus na Girka ya ce mutum 100,000 ne, amma ya zo ne bayan shekara 2,000 da gama ginin, labarin 'yan rakiya ya ji. Ƙiyasin masana na yanzu ya tsaya wajen 20,000 zuwa 30,000. Yawancinsu talakawa ne da ake kira aikin sarki bi da bi. Ba bayi ba ne da ake saye da sayarwa, amma kuma ba gayya ba ce da mutum zai ce yau ba shi da hali.

Shaidar da ta fi burge ni ta fito ne a 2013. A Wadi al-Jarf, bakin Bahar Maliya, tawagar Pierre Tallet ta samu takardu mafi tsufa da aka taɓa gani da rubutu a Masar. Cikinsu akwai littafin aikin wani shugaban ma'aikata mai suna Merer, wanda ke da mutum wajen 40 a ƙarƙashinsa. Rana bi rana yake rubutawa: yau mun yi lodi a Tura, yau mun kwana a hanya, yau mun sauke a Giza. Farar ƙasa ce ta dutse suke kaiwa a jirgin ruwa don lulluɓe dalar Khufu, kuma ya ambaci mai kula da aikin, Ankhaf, ɗan'uwan sarki.

Game da jan duwatsun, akwai zane a kabarin wani hakimi, Jehutihotef, da ke nuna mutane na jan ƙaton gunki a kan katako, wani na gaba yana zuba ruwa a ƙasa. Rairayi mai danshi ya fi sauƙin ja. Inda masana ke jayayya har yanzu shi ne fasalin gangaren da aka bi aka kai duwatsu can ƙololuwa.

Ban da sarakuna, an san wani abu game da talakawa?

Sosai, albarkacin wani ƙauye da ake kira Deir al-Madina, yamma da Luksor. Nan masu sassaƙa kaburburan sarakuna suka zauna da iyalansu wajen shekara 400. Takarda na da tsada, don haka a kan tsingaro da ɓallin dutse suke rubutun yau da kullum, kuma an tono dubbai. Akwai rajistar fashin aiki ta shekara ta 40 ta mulkin Ramses na Biyu: wane kunama ta harbe shi, wane yana dafa giya, wane ciwon ido, wane yana shirya gawar ɗan'uwansa. Babu kuɗin tsaba a lokacin. Albashin ma'aikaci buhu huɗu ne na alkama da buhu ɗaya da rabi na sha'ir a wata. A shekara ta 29 ta mulkin Ramses na Uku hatsin ya makara, sai suka ajiye kayan aiki suka je suka zauna a bayan wuraren bauta suna cewa yunwa ce ta kawo su. Shi ne yajin aiki mafi tsufa da aka samu a rubuce.

Akwai kuma wasiyyar wata dattijuwa, Naunakhte. Ta je gaban kotun ƙauyen ta ce ta raini 'ya'ya takwas, amma da ta tsufa wasunsu ba su kula da ita ba, don haka ba su da rabo a dukiyarta. Wannan ya nuna mace na mallakar dukiya da sunanta, tana kuma raba ta yadda ta ga dama.

Me ya sa suke busar da gawa, kuma me suka yi imani da shi game da lahira?

A ganinsu mutum ba jiki da rai kaɗai ba ne. Akwai "ka", ƙarfin rayuwa da ke buƙatar ci da sha ko bayan mutuwa. Akwai "ba", wanda suke zanawa kamar tsuntsu mai kan mutum, yana fita da rana ya dawo ga gawar da dare. In jiki ya ruɓe, ba shi da masauki. Suna ma wani ɓangare ne na mutum, shi ya sa goge sunan mamaci daga bango ya zama hukunci mai tsanani.

Aikin yakan ɗauki kwana 70. A zaro ƙwaƙwalwa ta hanci, a tsaga gefen ciki na hagu a fitar da hanta da huhu da tumbi da hanji a sa a tuluna huɗu. Zuciya kuwa a bar ta, don a wurinsu ita ce mazaunin hankali. Sai a binne jikin cikin kanwa wajen kwana 40 har ya bushe. Kanwa dai da muka sani, irin wadda suke ɗebowa daga Wadi Natrun. Daga nan a shafe shi da mai da ƙaro, a naɗe da lilin, ana cusa layu tsakanin naɗi. Wannan na masu hali ne. Talaka rami ake yi masa a rairayin hamada, kuma sau da yawa zafin rairayin kan busar da shi ba tare da an biya kowa ba.

Sai hisabi. Mamaci zai tsaya gaban Osiris, allahnsu na lahira, da alƙalai 42, ya riƙa kore wa kansa laifuka: bai yi kisa ba, bai yi sata ba, bai tauye mudu ba, bai tare wa maƙwabci ruwan gona ba. A ɗora zuciyarsa a mizani, a ɗaya gefen gashin jimina, alamar "ma'at", wato gaskiya da daidaito. Anubis mai kan dila ke duba mizanin, Tot, allahnsu na rubutu, na rubutawa. In zuciya ta rinjaya, wata dabba mai kan kada da ƙirjin zaki da ƙugun dorina ta haɗiye ta, mutum ya shafe ke nan. In ta yi daidai, ya wuce wata Masar ɗin da ba fari ba yunwa. Da yake can ma akwai noma, sai a binne shi da 'yan gumaka da za su amsa kira in an kira shi aiki. Wasu kaburburan na da 365, kowace rana da nata. Addu'o'in wannan tafiya su ne Bajamushe Lepsius ya laƙaba wa suna "Littafin Matattu" a 1842. Masu shi "fitowa da rana" suke kiransa.

Alloli kuwa ɗaruruwa ne, kowane gari da nasa. Akhenaten ya yi ƙoƙarin taƙaita bauta ga faifan rana, Aten, ya gina sabon birni a Amarna. Ya yi shekara 17, yana mutuwa aka koma gidan jiya.

Gawar da ake yaɗa hotonta, ita ce ta Fir'aunan Annabi Musa (AS)?

Da farko, Fir'auna ba sunan mutum ba ne. Daga "per-aa" ya fito, wato "babban gida", fada ke nan, daga baya aka riƙa kiran sarkin da shi. Mu ne muka mayar da kalmar ta zama ta kowane azzalumi. Alƙur'ani ya faɗa a Suratu Yunus, aya ta 92, cewa za a tsirar da jikinsa ya zama aya, amma bai ambaci sunansa ba.

Hoton da aka fi yaɗawa na Ramses na Biyu ne, wanda ya yi mulki daga 1279 zuwa 1213 kafin Miladiyya, ya mutu yana da shekara wajen 90. An samu gawarsa a 1881 a wani rami a Deir al-Bahari, inda malaman dā suka ɓoye gawarwakin sarakuna saboda ɓarayi. A 1976 aka kai ta Paris don maganin funfuna. Wasu kuma, irin su likita Maurice Bucaille, sun karkata ga ɗansa Merneftah, wanda aka samu gawarsa a 1898. Merneftah ne mai wani allon dutse da Petrie ya tono a 1896, inda sunan Isra'ila ya fara bayyana a rubutun Masar.

Hujjar da ake yawan kawowa, cewa an ga gishiri a jikin gawar don haka a teku ta mutu, ba ta da ƙarfi, domin duk gawar da ta kwana 40 a kanwa dole a same ta da gishiri. Rubuce-rubucen fada kuma ba wurin neman labarin faɗuwar sarki ba ne: yaƙin Kadesh da Ramses ya sha da ƙyar, a bangayensa nasara ce gagaruma. Saboda haka ilimin haƙa bai ɗora yatsa kan gawa ɗaya ya ce ga shi ba. Gawar Ramses da ta Merneftah duka suna gidan tarihi na Fusɗaɗ a Alƙahira, inda aka mayar da gawarwakin sarauta 22 a watan Afrilun 2021.

La'anar Tutankhamun fa?

Howard Carter ya gano matakalar kabarin ran 4 ga Nuwamban 1922. Mai ɗaukar nauyin aikin, Lord Carnarvon, ya mutu ran 5 ga Afrilun 1923, bayan ya yanke cizon sauro wajen aski, ciwon ya shiga jini. Jarida ɗaya ce ta Landan ke da izinin labarin kabarin, sauran suka cike shafukansu da labarin cewa an rubuta la'ana a kabarin ga duk wanda ya buɗe shi. Babu irin wannan rubutu a kabarin. Carter, wanda ya shekara goma yana kwashe kaya sama da 5,000, ya rayu har 1939. 'Yar Carnarvon da ta shiga tare da su ta kai 1980.

Baƙaƙen fata ne ko farare?

Masar a Afirka take, kuma al'adarta a kwarin Nilu ta tsiro. Turawan ƙarni na 19 da dama sun so su ɓamɓare ta daga nahiyar, abin da Cheikh Anta Diop na Senegal ya yaƙa, har a taron UNESCO na Alƙahira a 1974. Su kansu mutanen sukan zana mazajensu da launin ja mai duhu, Nubiyawa da baƙi, mutanen Libiya da Sham da haske. Ƙasa ce mai tsawo, daga Aswan zuwa teku, launi na sauyawa a hankali kamar yadda yake a yau. Sunan da suke kiran ƙasarsu, Kemet, "baƙa", yawancin masana na ɗaukar sa a kan baƙin laka na ambaliya, kishiyar jar hamada. Abin da ba a jayayya a kai shi ne gidan sarauta na 25: sarakunan Kush daga Sudan ta yau, su Piye da Taharƙa, sun mulki Masar kusan ƙarni guda. Dala ma ta fi yawa a Sudan, wajen 200, ko da yake ƙanana ne.

Da gaske harshensu ɗan'uwan Hausa ne?

Da gaske, amma dangi ne na nesa. Hausa na reshen Cadi ne a cikin babban gidan harsunan da ya haɗa Larabci da Ibrananci da Buzanci da Somaliyanci, tsohon harshen Masar kuma reshe ne mai zaman kansa a gidan. Suna rubuta "mwt" a inda muke cewa mutu, Balarabe ya ce "maut". Huɗu a wurinsu "fdw" ne, kuma har yau akwai Hausawan da ke cewa fuɗu. Suna liƙa "k" a ƙarshen suna don nuna mallakar namiji, kamar gidanka. "T" kuma alamar mace ce. Wannan ba ya nufin Hausawa daga Masar suka taso. Kaka ɗaya harsunan suka haɗa, wanda aka daina magana da shi dubban shekaru kafin a aza dutsen dala ta farko. Kamannin kalma ɗaya ko biyu da mutum zai tsinta da ka kuwa ba hujja ba ne, sai an ga tsarin sauyin sauti yana maimaituwa.

Me ya sa kayan Masar suka cika gidajen tarihin Turai?

Wasu ganimar yaƙi ne: dutsen Rashid Ingila ta karɓe shi daga Faransa a 1801, yana Landan tun 1802. Wasu kyautar masu mulki ne, kamar dogon ginshiƙin Luksor da Muhammad Ali ya ba Faransa. Wasu ta tsarin raba abin da aka tono tsakanin Masar da baƙi suka fita, kamar gunkin kan Nefertiti da Jamusawa suka samu a 1912, wanda Masar ke cewa an yi rufa-rufa wajen rabon. Wasu kuma sata ce tsagwaronta. Rigimar dai irin ta tagullan Benin ce.

Hukumar kayan tarihin da Auguste Mariette ya kafa a 1858 ta kusa shekara 100 a hannun Faransawa, 'yan ƙasa irin su Ahmad Kamal suka sha wuya kafin a ba su wuri. Alhali hannun da ke haƙan nasu ne: mutanen garin Ƙifɗ da Petrie ya horar, jikokinsu ne shugabannin leburori a wuraren tono da yawa har yau. Dokar 1983 ta mayar da kayan tarihi mallakar ƙasa.

Akwai sauran abin da ba a gano ba?

Da yawa. Garuruwan arewacin ƙasar na ƙarƙashin gonaki da gidaje da ruwa, kaɗan aka taɓa. A 2017 masana kimiyya masu auna wasu ƙananan ƙwayoyi da ke zubowa daga sama suna ratsa dutse sun gano wani babban fili a cikin dalar Khufu, tsawonsa aƙalla mita 30, ba wanda ya shiga shi tukuna. A 2023 suka zura kyamara ta wata kafa suka ga wani lungu mai mita 9 a saman ƙofar arewa. A watan Fabrairun 2025 aka sanar da gano kabarin Tutmos na Biyu a yamma da Luksor. Ambaliya ta lalata shi tun zamanin dā, an kuma kwashe kayan ciki. Gutsattsarin tulunan farin dutse masu ɗauke da sunansa ne suka nuna mai shi.